Don Me Mashayi Ba Ya Bari?

Akwai wata tambaya da takan taso a taron dattawan ekklesiya, takan kuma taso a gidajenmu da dare bayan yara sun kwanta. Ga mutum, giya ta cinye gonarsa, matarsa ta koma gidan iyayenta, likita ya gaya masa hantarsa ta lalace. Shi da bakinsa ya yi alkawari sau da yawa ba zai ƙara ba. Amma ran kasuwa na zagayowa, sai ga shi zaune a gidan burukutu. Don me ba ya bari? Abin da kowa yake gani, shi ba ya gani ne?

Wannan tambaya ba ta gida ɗaya ba ce. A shekara ta 2018 Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa, tare da ofishin Majalisar Ɗinkin Duniya mai lura da miyagun ƙwayoyi, suka yi bincike a dukan Nijeriya. Suka iske mutum miliyan 14.3, masu shekara 15 zuwa 64, sun sha wani abu mai sa maye cikin shekara guda, ban da giya da taba. Miliyan 4.6 sun sha ƙwayoyi irin su tiramol, miliyan 2.4 kuma maganin tari irin mai kodin, alhali ba ciwo ya sa su ba. Ɗaya cikin huɗu mace ce. Wajen ɗaya cikin biyar kuwa abin ya riga ya kama shi, yana bukatar taimako. Waɗansunsu 'ya'yan masu bi ne, an yi musu baftisma, muryarsu tana cikin mawaƙa ran Lahadi. Amsar da muka ba wannan tambaya ita za ta nuna abin da za mu yi da su.

Amsa biyu da muka saba ji

Waɗansu sukan ce, mugun hali ne kawai, in ya so bari yau zai bari. Waɗansu kuwa sukan ce, ciwo ne kamar ciwon suga, ba laifinsa ba ne. Wannan ta biyu ta daɗe a wurin likitoci. Tun a 1784 wani likita na Amurka, Benjamin Rush, ya rubuta a kan shan barasa ya lasafta shi cikin cututtuka, a 1956 kuma ƙungiyar likitocin Amurka ta ce a karɓi mashayi a asibiti kamar sauran marasa lafiya.

Kowace amsa tana da tata gaskiya, kowace kuma tana da abin da takan haifa. In mugun hali ne kaɗai, magani shi ne bulala da kora. In ciwo ne kaɗai, sai mu naɗe hannu mu jira likita, shi ma mashayin ya naɗe nasa ya ce haka aka halicce shi. Amma dukansu biyu daga bayan danga suke leƙen mutumin. Ba wadda ta yi sallama ta shiga ta tambaye shi, "Kai da kake ciki, yaya abin yake?"

Mai ɗaki shi ya san inda yake yoyo

A ƙasar Jamus an yi wani likitan masu taɓin hankali, sunansa Karl Jaspers, wanda ya yi aiki a asibitin garin Heidelberg. A 1913, yana ɗan shekara 30, ya fitar da babban littafi inda ya raba abu biyu da mutane sukan haɗa, watau bayani da fahimta. Bari mu ba da misali. Ga mace tana kuka. Masani zai iya gaya mana inda hawaye suke fitowa, da gishirin da ke cikinsu, da jijiyar da take motsa su. Wannan bayani ne, gaskiya ne kuma. Amma sai mun zauna kusa da ita mun ji cewa ɗanta ya rasu jiya, sa'an nan muka fahimci kukan. Jaspers ya ce likitan da ya tsaya a bayani ya san jiki, bai san mutum ba tukuna.

Ya koyi wannan hanya daga wani malamin falsafa, Edmund Husserl, wanda ya kira ta fenomenoloji, watau duban abu kamar yadda yake bayyana ga wanda yake jinsa. Ƙa'idarta ita ce, kafin ka yanke hukunci ko ka kawo dalili, ka ajiye naka tukuna, ka bar mutum ya faɗi yadda duniya take a idonsa. Ajiyewa muka ce, ba zubarwa ba. Kamar mai shiga ɗakin babba ne, yakan tuɓe takalminsa a ƙofa, in ya fito ya iske su inda ya bar su. Mai bi ba ya rasa sanin nagarta da mugunta don ya yi shiru ya saurari mashayi sa'a ɗaya.

Masanan halin ɗan Adam da yawa sun bi wannan hanya, suka zauna da mashaya suna saurare, waɗansu kuma suka gwada abin da suka ji a ɗakin bincike. Abu huɗu sukan fito kullum. Bari mu duba su da ɗaya ɗaya.

Na fari: da farko abin ya yi masa aiki

Mu muna ganin ƙarshen hanya, inda ɓarna take. Mashayi kuwa yana tuna farkonta, inda ya sami sauƙi. A ce ga ɗan dako a kasuwa, tun asuba yana sauke buhuna daga mota, bayansa yana ciwo, in bai fito ba 'ya'yansa ba za su ci ba. Wani ya miƙa masa tiramol, ran nan ya yi aikin mutum biyu bai ji kome ba. A ce ga amarya da aka kai garin da ba ta san kowa ba, miji ya fita tun safe, ita kaɗai da bango huɗu, maƙwabciya ta ba ta kwalbar maganin tari, sai yini ya wuce kamar ƙiftawar ido. A ce ga wanda ya ga an kashe 'yan'uwansa a lokacin rikici, in ya rufe ido sai ya ga abin, amma in ya sha sai barci ya zo. Ga saurayi mai kunya wanda ba ya iya buɗe baki cikin tsara, sai ya zuƙi wiwi.

Wani likita a Jami'ar Harvard, Edward Khantzian, bayan ya daɗe yana sauraron mashaya, ya rubuta a 1985 cewa da yawa cikinsu magani suke yi wa kansu, kowa kuma yakan manne wa abin da ya dace da ciwon zuciyarsa. Mai fushi yakan nemi abin da zai kwantar da shi, wanda ransa ya mutu yakan nemi abin da zai tashe shi. A birnin San Diego kuma aka yi wani bincike wanda ya kai ga mutum fiye da 17,000, aka fara buga shi a 1998. Aka tambayi manya irin wahalar da suka sha suna yara, kamar duka, da cin zarafi, da rabuwar iyaye, da zama da mashayi a gida. Wanda ya sha iri huɗu ko fiye, haɗarin ya zama mashayin giya ya ninka wajen sau 7 bisa wanda bai sha ko ɗaya ba, haɗarin ya yi wa kansa allurar ƙwaya kuwa wajen sau 10. Ruwa ba ya tsami banza.

Ba kowane mashayi ne yake da irin wannan labari ba. Akwai wanda biki ya ja, akwai wanda abokai suka ja, akwai mai son gwadawa kawai. Amma in ba mu tambaya ba, ba za mu san wane ne a gabanmu ba. Wanda kuwa ya ƙwace wa gurgu sanda bai ba shi wata ba, kada ya yi mamaki in ya gan shi gobe da ita.

Na biyu: marmari ya rabu da daɗi

Mashayin da ya daɗe yakan faɗi wata magana mai wuyar gaskatawa. Yakan ce, "Ni ban ƙara jin daɗinta ba, har warinta ƙyama yake ba ni, amma ƙafata tana kai ni." Mai jinsa yakan ce ƙarya ce, gama wa zai sayar da akuyarsa don abin da ba ya jin daɗinsa?

Masana biyu na Jami'ar Michigan, Kent Berridge da Terry Robinson, sun nuna ba ƙarya ba ce. A cikin ƙwaƙwalwa akwai wani sinadari da ake kira dofamin, wanda dā aka ɗauka shi ne yake kawo jin daɗi. Suka gwada ɓeraye waɗanda aka kawar musu da shi kusan duka. In an ɗiga musu ruwan sukari a baki, sai su lashe leɓe kamar kowane ɓera mai jin zaƙi. Amma ko an tara abinci a gabansu ba za su tashi su nema ba. Ashe jin daɗi hanyarsa dabam, marmari kuma hanyarsa dabam. A 1993 suka bayyana cewa ƙwayoyin maye, in an yi ta shansu, sukan sa hanyar marmari ta yi ta kaifi, alhali daɗin yana raguwa. Wannan kaifi kuwa yakan daɗe, har bayan mutum ya yi shekaru bai sha ba.

Domin wannan, yi wa irin wannan mutum wa'azi a kan cewa daɗin duniya mai wucewa ne ba ya taɓa inda ciwon yake. Shi ya fi mai wa'azin sani, daɗin ya wuce tuntuni. Abin da ya rage masa ƙishirwa ce wadda sha ba ya kashewa.

Na uku: gobe ta ɓace

A nan ne muke so mu daɗe kaɗan, gama a nan amsar tambayarmu ta fi fitowa. Ku dubi manomi a watan Agusta. Rumbu ya yi ƙasa, yara suna kukan yunwa, amma akwai damin da ya keɓe don iri, ba ya taɓa shi. Me ya hana shi? Yana ganin damina mai zuwa kamar yadda yake ganin tafin hannunsa. Gobe tana da nauyi a zuciyarsa, har ta rinjayi yunwar yau. Kowace irin kamewa a kan wannan take tsaye.

A 1998 waɗansu masana a Jami'ar Vermont ta Amurka, cikinsu akwai Nancy Petry da Warren Bickel, suka yi wani gwaji mai sauƙi. Suka ba mutane farkon labarin wani mutum da yake tunanin abin da ke gabansa, suka ce kowa ya ƙarasa labarin yadda ya ga dama. Waɗanda ba sa shan kome, labarinsu ya miƙa har wajen shekara 4.7 gaba. Masu shan heroyin kuwa, nasu ya tsaya a wajen kwana 9.

Ku yi tunani a kan wannan. Mutumin da gabansa kwana 9 ne, in ka ce masa hantarka za ta kashe ka nan da shekara 10, ko 'yarka za ta isa aure ba ka da abin yi mata, ya ji maganar da kunne, ya yarda gaskiya ce, har ya yi hawaye. Amma kamar labarin wata ƙasa mai nisa kake ba shi. Abin da yake kusa, mai nauyi, shi ne rawar hannunsa da safen nan, da kwalbar da za ta tsayar da ita kafin azahar. Ranarsa ba ta da Litinin ko Talata, lokaci biyu gare ta, kafin ya samu da bayan ya samu. Matarsa da abokansa sukan koma iri biyu su ma, masu taimakonsa ya samu da masu hana shi. Ba wai ya daina ƙaunarsu ba. Duniyar ce ta tsuke masa, kamar mai leƙe ta bakin tulu. Shi ya sa yakan cinye iri.

Na huɗu: wurare suna kiransa

Mu in muka bi ta bayan kasuwa, hanya muke gani kawai. Mashayi in ya bi, inuwar mangwaron nan tana kiransa, ƙanshin dawar da ake dafawa yana kiransa, muryar aboki, da ranar biyan albashi, da sanyin la'asar, duk suna kira. Tun zamanin Pavlov na Rasha, wanda ya koya wa karnuka zubar da yawu in sun ji wata ƙara da suka saba ji kafin abinci, aka san jiki yakan ɗaure abu da abin da ya saba zuwa tare da shi. Hausawa sun riga sun ce sabo turken wawa.

Babbar shaida a kan wannan ta fito daga yaƙin Biyetnam. A can heroyin tana da araha da ƙarfi, sojojin Amurka kuwa suna cikin tsoro da kewa. A 1971 gwamnatinsu ta firgita, aka ɗora wa wata masaniya, Lee Robins, ta bi sawun waɗanda suka koma gida. Ta iske wajen soja ɗaya cikin biyar abin ya kama shi a can. Kowa ya zaci za su cika titunan Amurka da maye. Amma cikin shekara ta fari bayan komowarsu, wajen 5 cikin 100 na waɗanda ya kama ne kaɗai ya sāke kamawa, cikin shekara uku kuwa wajen 12 cikin 100. Ƙwayar ba ta sāke ba, ƙwaƙwalwarsu ma ita ce dai. Abin da ya sāke shi ne wuri, da abokan zama, da tsoron mutuwa da ya kau, da aiki da iyali da suka komo. Gobe ta komo musu.

To, ina laifi?

Yanzu mun fito daga ɗakin, bari mu ɗauki takalmanmu. In haka abin yake daga ciki, mashayi yana da alhaki ko ba shi da shi?

Mun ce yana da shi, ga kuwa dalili. Mashayi yakan iya daurewa ran da surukinsa ya zo, ko in ɗan sanda yana tsaye. Da yawa sukan bari ran da aka haifa musu ɗa, ko suka sami aikin da suke girmamawa. A 1991 wani masani, Stephen Higgins, ya nuna cewa in ana ba masu shan hodar iblis 'yar kyauta duk sa'ad da gwajin fitsarinsu ya fito da tsabta, da yawa sukan daure makonni. Mai zazzaɓin cizon sauro kuwa, ko ka yi masa alkawarin saniya, ba zai iya sauke zafin jikinsa ba. Ashe ikon zaɓi bai mutu ba. Amma wanda ya ce ikon nan lafiyayye ne kamar na kowa, shi ma bai faɗi gaskiya ba. Mutum biyu suna hawan dutse, ɗaya hannu sake, ɗaya da buhun masara a kā. Dukansu suna da ƙafa, dukansu za a iya ce musu su hau, amma hawan ba ɗaya ba ne.

Agustin, bishop na Hippo a ƙasar da ake kira Aljeriya yanzu, wanda ya rasu a shekara ta 430, ya kwatanta sabo da sarƙa wadda mutum ya ƙera da nufin kansa, zobe bisa zobe, har ta ɗaure shi. Zoben fari da hannu sake aka ƙera shi, na ɗari kuwa da hannu ɗaurarre. Wanda ya karanta Romawa sura 7 ya san wannan yaƙi na nufi biyu cikin mutum ɗaya ba baƙo ba ne, ba kuwa mashayi kaɗai yake yinsa ba. Mai gulma da mai fushi da mai son kuɗi sun san shi, sai dai tasu sarƙa ba ta wari.

Wani zai ce, wannan fahimta taku za ta zama mafaka, kowane mashayi zai ce marainiya ce ta sa shi, gara a kunyata shi ya farka. Maganar tana da ƙarfi, har ma tana da shaida. Agustin ɗin nan ya ba da labarin mahaifiyarsa Monika, cewa tana yarinya akan aike ta ɗebo ruwan inabi, ta fara da kurɓi kaɗan, kullum tana ƙarawa, har ran da wata baiwar gidan ta zage ta da mashayiya cikin faɗa. Zagin ya soke ta, ta bari daga ran nan. Amma mu lura, Monika yarinya ce, sarƙarta ba ta yi nauyi ba, mutuncinta yana nan, shi ne ma zagin ya taɓa. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Wanda ya shekara 15 yana sha ya riga ya zagi kansa da abin da ya fi naka zafi, kowace safiya. Kunya ita ce ciwon da yake sha don ya manta. In ka ƙara masa kunya ka ƙara masa ƙishirwa.

Wani masani, Alan Marlatt, ya lura da wannan a wurin waɗanda suka bari sa'an nan suka yi tuntuɓe sau ɗaya. Wanda ya ce a ransa, "Na faɗi yau, ga abin da ya kā da ni, gobe zan kauce masa," yakan tashi. Wanda kuwa ya ce, "Ashe ni ba abin kirki ba ne, tun da na ɓata bari in ƙarasa," kurɓi ɗaya yakan zama mako guda. Maganar da mutum yake gaya wa kansa kuwa, sau da yawa ita ce wadda ya ji a bakin mutanen gidansa.

Wata malamar falsafa, Hanna Pickard, wadda ta yi shekaru tana aiki da irin waɗannan mutane a wani asibiti a Oxford ta Ingila, ta nuna cewa ɗora wa mutum alhaki dabam ne da tsangwamarsa. Ɗora alhaki yana duban abin da mutum zai iya yi daga yau, yana kuma girmama shi, gama ba a tambayar akuya don me ta ci dawa. Tsangwama kuwa tana duban abin da ya wuce, tana neman mutum ya ji zafi. Dattijo ɗaya zai ce, "Kai dai ka zama abin kunya, ba ka da amfani." Wani dattijon zai ce, "Ɗana, kuɗin makarantar ƙanwarka ka ɗauka, kai za ka biya, ba zan ɓoye wa mahaifinka ba. Zauna ka gaya mini abin da ya faru ran nan tun daga safe." Na biyun bai rage kome daga laifin ba, har ya fi na farin tsanani, gama ya sa a biya. Amma ya bar ƙofa a buɗe.

Mun ga inda tsangwama takan kai in ta yi ƙarfi. A 2019 'yan sanda suka buɗe waɗansu gidajen mari a Kaduna da Katsina da waɗansu garuruwa, suka fito da ɗaruruwan mutane, waɗansu da sarƙa a ƙafa, da yawa kuwa iyayensu ne suka kai su saboda shaye-shaye. A shekarar nan kuma masu bincike suka iske ana ɗaure marasa lafiya a wuraren gargajiya, da na Musulmi, da na Kirista, har da na gwamnati. Iyayen nan ba mugaye ba ne, gajiya ce da rashin sanin abin yi. Amma sarƙar ƙarfe ba ta kwance sarƙar zuciya. A ƙasarmu kuma aka ga wata hanya dabam. A 1954 Dakta Thomas Adeoye Lambo ya fara sauke masu taɓin hankali a gidajen mutanen ƙauyukan da ke kewaye da asibitin Aro a Abeokuta, kowa da ɗan'uwansa mai jinya, suna karɓar magani da rana suna kwana cikin jama'a. Ya gane cewa mutum cikin mutane yake warkewa.

Abin da ya wajaba a kanmu

Da fari, mu tambaya kafin mu yi magana. "Yaushe ka fara? Me yake yi maka? Wace sa'a ce ta fi maka wuya? Da wa kake sha?" Sa'an nan mu yi shiru mu ji. Mace ta je wurin mace, zumuntar mata ta san wannan aiki nata ne, gama mashayiya ta fi ɓuya, kunyarta kuma ta fi nauyi.

Na biyu, mu matso masa da gobe kusa. Kada mu nemi alkawarin har abada daga wanda gabansa kwana 9 ne. Ƙungiyar mashaya masu taimakon juna, wadda aka fara a garin Akron na Amurka a 1935, takan koya wa mutanenta su ɗauki yini ɗaya kawai. Mu ba shi abin da zai jira ran Asabar, da wanda zai zo ya ɗauke shi zuwa gona da safe, da aikin da za a tambaye shi a kansa. Kwana 9 su zama wata guda, wata ya zama damina.

Na uku, mu sāke masa hanya da abokan zama. In ran kasuwa ce takan kā da shi, wani ɗan'uwa ya raka shi kasuwa, ko ya karɓar masa kuɗin amfanin gona. In ciwon baya ne ya kai shi ga tiramol, a duba bayan. In mafarkin rikici ne, a nemi wanda ya iya jinyar wannan.

Na huɗu, mu san iyakarmu. Wanda ya daɗe yana shan giya da yawa kullum, in ya bari farat ɗaya, cikin kwana 2 ko 3 yana iya kamuwa da makyarkyata, da ganin abin da babu, da farfaɗiya, har mutuwa. Irin wannan sai a asibiti, kada a kulle shi a ɗaki ko a ɗakin addu'a. Akwai asibitocin ƙwaƙwalwa na gwamnati a Barnawa ta Kaduna, da Kware ta Sakkwato, da Maiduguri, da Dawanau ta Kano. Wanda kuma ya bar tiramol ko kodin na watanni, jikinsa ya manta da su, in ya koma ya sha yawan da ya saba dā yana iya kashe shi. A gaya masa wannan a fili tun yana cikin hankalinsa. Addu'a da magani ba kishiyoyi ba ne.

Horon ekklesiya yana nan, ba mu ce a kawar da shi ba. Wanda ya bugi matarsa cikin maye, a tsare matar da 'ya'yanta tukuna, a kuma hore shi. Amma dattawan da suka sa mutum ƙarƙashin horo su tambayi kansu, cikin watannin horon nan wa zai riƙa zuwa gidansa? In amsar ita ce ba kowa, to, masu gidan burukutu za su je, su kuwa ba sa tambayarsa takardar shaida. Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar.

Don me mashayi ba ya bari? Domin abin ya taɓa yi masa magani, domin marmari ya daɗe bayan daɗi ya tafi, domin gobe ta yi masa nisa, domin kuma hanyoyin garinsa suna kiransa da suna. Duk da haka yana da ƙafar tashi, da yawa kuma sun tashi, waɗansunsu suna zaune tare da mu ran Lahadi, dattawa ne yanzu. A tambaye su wa ya zauna da su a lokacin. Ubangiji ya ba mu kunnen ji da haƙurin zama, ya sa a same mu cikin masu zuwa gidan wanda kowa ya daina zuwa.